Amsa ga mai tambaya: malamin falsafa ya shiga rediyo ko ya tsaya a aji?

Wa alaikumus salam. Ƙanena, ka ce ka fara koyar da falsafa, wani gidan rediyo ya gayyace ka, amma manyanka sun ce zubar da girma ne, ka zauna ka rubuta maƙala. Ni dai na ce ka je.

Shekarata 22 ina koyar da fannin nan a Jos. Manyanka suna da gaskiya a wuri guda: ranar ƙarin girma maƙalun da ka buga a mujallu ake ƙirgawa, ba mai tambayar sau nawa aka ji muryarka. Don haka kada ka saki alƙalami, kuma ka ƙarasa digirinka na uku.

Amma ga abin da ya fito da ni daga aji. Wasu watanni bayan rikicin Jos na Nuwamban 2008, ina zaune da dare a teburin mai shayi a Bauchi Road, sanyi na ratsa ƙashi, samari na ta musu kan ɗan ƙasa da baƙo, kowa jijiyar wuya a tashe. Na tambayi ɗayansu: "Kai da haƙar kuza ta kawo kakanka, me ke mai da mutum ɗan gari? Haihuwa, daɗewa, ko takardar ƙaramar hukuma?" Ya ce haihuwa. Na ce, "To wanda aka haifa a Sabon Garin Kano, kakansa daga Inugu, ka yarda a ba shi abin da kake nema a nan?" Sai wuri ya yi tsit. Mai shayin ya ajiye buta, ya ce, "Malam, sake faɗa." A aji ban taɓa samun irin wannan sauraro ba, wallahi.

Kuma ba baƙon abu ba ne. Sokratis, masanin falsafar tsohuwar Girka, a kasuwar Atina ya riƙa tare mutane da tambaya. Masanin falsafa Odera Oruka na Kenya ƙauyuka ya bi yana tattaunawa da dattawa. Marigayiya Sophie Oluwole, mace ta farko da ta yi digiri na uku a falsafa a Najeriya, hikimar Yarbawa ta sa a gaba har ta rasu a 2018.

Za a bugo waya a ce falsafa hanyar kafirci ce, wannan ka sa shi a ranka tun yanzu. Kada ka harzuƙa. Ka tuna musu cewa Shehu Magili, wanda ya zo Kano zamanin Sarki Rumfa, ya kare ilimin manɗiƙi, wato ilimin ƙa'idojin tunani da kafa hujja, a waƙe lokacin da Imam Suyuɗi ya soki wannan ilimin. Na ga wannan ya sanyaya mutane da yawa.

In ka shiga, ka bar manyan kalmomin Turanci a ofis, ka ɗauko misali daga kasuwar Taminus ko rabon gado. Wanda ya nemi fatawa kuwa, ka ce masa ba fagenka ba ne, ya je wurin malaman fiƙihu. Ka sanar da mu ranar da za a sa shirin, zan kunna.