Amsar tambayarka a kan abajada

Ɗana,

Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya kai da mutanen gida, saƙonka ya iso, tare da hoton takardar ƙarshe ta kundin marigayi kakanku, Allah ya jiƙansa. Ka ce ka ga kalmomi takwas jere, abajada, hawaza, har zuwa ƙarshe, kowane harafi da lamba a ƙarƙashinsa, kuma wani abokinka ya ce maka sunayen aljanu ne, aikin 'yan tsibbu, gara a ƙone. Kana tambaya wace al'ada ce wannan, kuma don me jerin bai bi alif, ba, ta, sa da aka koya muku a Islamiyya ba.

Kada ka ƙone komai. Abin da ka gani tsohon jerin haruffa ne, kuma ya girmi rubutun Larabcin kansa da shekaru sama da dubu. Malamanmu kan rera shi kamar haka: abajada, hawaza, haɗaya, kalamana, sa'afala, ƙarasata, sahaza, zagasha. An cusa wasula ne a tsakanin baƙaƙen don baki ya iya furtawa, yaro ya haddace. Akwai tsofaffin littattafan Larabawa da suka ce sunayen sarakunan Madyana ne, amma duwatsu da takardun da aka tono daga baya sun nuna jeri ne kawai.

Bari in faro maka daga nesa. Wajen shekara 3200 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), mutanen kudancin Iraƙi suna danna alamomi da tsinken kara a kan ɗanyen yumɓu, Misrawa kuma suna zana surori. Alamomin ɗaruruwa ne, sai wanda ya share shekaru yana koyo ke iya su, don haka rubutu ya zama sana'ar 'yan kalilan na fada da ɗakunan bauta. Daga baya mutanen gaɓar tekun Sham suka zo da dabara mai sauƙi: kowane baƙi alama ɗaya. A Ugarit, wani tsohon birni a Siriya da aka fara tonawa a 1929, an sami allunan yumɓu na 'yan koyo masu shekara fiye da 3,000, haruffa a jere bisa wannan tsari da ka gani a kundin kakanka. Finikawa, fataken teku na ƙasar Labanan, suka tsaya a haruffa 22, ana rubutawa daga dama zuwa hagu. Girkawa suka ara a wurinsu, daga can ta bi ta iso Rumawa, ta zama bokon da kake rubuto mini saƙo da shi. Duba da kanka: K, L, M, N a jere, ai kalamana ke nan. Q, R, S, T kuma ƙarasata ce.

Mu tamu hanyar ta biyo ta Aramawa ne, mutanen Dimashƙa da kewayenta. Ba su taɓa kafa babbar daula ba. Assuriyawa suka ci su da yaƙi, suka riƙa kwashe su gari guda ana warwatsawa a faɗin daular, sai harshensu da haruffansu suka bi su duk inda aka kai su. A sassaƙen bangon fadojin Assuriya za ka ga magatakarda biyu tsaye suna ƙirga ganima, ɗaya da allo da tsinke yana rubutun gargajiyarsu, ɗaya da alƙalami da fata yana Aramanci. Na biyun ne ya gaji duniya. Da Farisawa suka karɓi Babila a shekara ta 539 kafin haihuwar Annabi Isa, ba su tilasta wa kowa Farisanci ba, da Aramanci suka riƙa aika wasiƙun mulki tun daga Masar har ƙasar Afganistan, kamar dai yadda Bagobiri da Badagombe da Bayarabe za su haɗu a zangon Kumasi su yi ciniki da Hausa. A tsibirin Elefantin kusa da Aswan an tono takardun aure da na bashi da na sayen gida, an rubuta su da Aramanci. Sarki Ashoka na Indiya ya sa an sassaƙa umarninsa a Kandahar da Girkanci da Aramanci. Rubutun Ibrananci na yau daga nan ya fito, haka na Suriyanci, kuma ta hannun fataken Asiya ta tsakiya haruffan suka kai har ga Mongolawa, waɗanda ke rubuta su daga sama zuwa ƙasa. Masana tarihi sun ce da Aramanci Annabi Isa yake wa mutanensa magana, kuma har yanzu akwai masu yin wani reshensa a ƙauyen Ma'alula na Siriya.

Ga inda ya shafe mu. Nabaɗawa Larabawa ne 'yan kasuwar turare, su ne suka fafe duwatsun Petra a Jodan da kaburburan Hijir, wato Mada'in Salih a Saudiyya. Larabci suke magana amma da Aramanci suke rubutu, kuma saurin hannu ya sa haruffansu suka riƙa manne wa juna. Rumawa sun haɗiye masarautarsu a shekara ta 106 bayan haihuwar Annabi Isa, rubutun bai mutu ba. A Namara, kudancin Siriya, an sami dutsen kabarin wani sarki Imru'ul Ƙaisi mai tarihin 328: harshen Larabci ne, haruffan Nabaɗawa. Kafin 568, lokacin wani dutse da aka samu a Harran ta kudancin Siriya, rubutun ya riga ya yi kama da wanda ka sani.

To, haruffa 22 ba su isa baƙaƙen Larabci 28 ba. Sai siffa ɗaya ta ɗauki sauti biyu ko fiye, ɗigo ya raba gardama. Shi ya sa ba da ta da sa suke gida ɗaya, jim da ha da kha suke gida ɗaya. Da aka tashi sauƙaƙa wa masu koyo sai aka sake jeri, aka haɗa masu kama da juna wuri guda, wannan shi ne alif, ba, ta, sa ɗinku. Tsohon jerin aka bar wa lissafi, aka liƙa ƙarin haruffa shida a bayansa. Alif 1, ba 2, jim 3, dal 4, har ya 10, kaf 20, lam 30, ƙaf 100, ra 200, ta 400. A ta ɗin nan haruffan Aramawa suka ƙare, daga 500 zuwa sama ƙarin Larabawa ne.

Na san wani zai ce maka wannan magana ta rage darajar Larabci. Ni ban ga haka ba. Alƙur'ani da baki aka saukar da shi, a ƙirji aka fara tsare shi, alƙalami kuwa baiwa ce da Allah ya ce shi ya koyar da ɗan Adam da ita. Ya zo a ruwaya cewa Manzon Allah (SAW) ya umarci Zaidu ɗan Sabit ya koyi Suriyanci saboda wasiƙun da ke zuwa, Suriyanci kuwa reshen Aramanci ne. Abin da shari'a ta hana shi ne a ɗauki lambar sunan mutum da na mahaifiyarsa a ce za a gaya masa gaibu. Wannan duba ne, ka nisance shi, ka kuma gaya wa abokinka a nan yana da gaskiya. Amma laifin na mai duban ne. Kakanku lissafin rabon gado da na shekaru yake yi da su.

Babban amfaninsu wurin malamanmu shi ne ramzi. Mai waƙa ko mai kwafar littafi, in ya zo ƙarshe, sai ya dunƙule shekarar Hijira a kalma ɗaya da za ta shiga baiti ba tare da ta karya kari ba. Waƙoƙin zamanin jihadi, na Larabci da Fulatanci da Hausa, da yawa ta haka aka san shekarunsu. Sai dai ka kula, mu jerin mutanen Magrib, wato yammacin Arewacin Afirka, muka gada, kamar yadda muka gaji ruwayar Warshu da fa mai ɗigo a ƙasa da ƙaf mai ɗigo ɗaya a sama. Mutanen gabas suna cewa sa'afasa, ƙarashata, kuma gain ne 1000 a wurinsu. A wurinmu shin ne 1000. Ɗauki shekarar rasuwar Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, 1232 bayan Hijira, wato 1817: shin 1000, ra 200, lam 30, ba 2. Idan ka ɗauko jadawalin gabas daga intanet, inda shin yake 300, za ka sami 532, ka mai da Shehu baya da shekara 700. Duk takardar ƙasar Hausa da ka ga ramzinta ya ƙunshi shin da ra, to ka fara zaton ƙarni na 13 na Hijira ne, sannan ka tara sauran haruffan.

Ka gaishe mini da mahaifiyarka da ƙannenka. Allah ya yi maka albarka.

Baffanka