Hukuncin ɗinka saƙo a jikin riga

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni tela ce a Garwa, ƙasar Kamaru. Ina harhaɗa ƙyallayen atamfa da buhun shinkafa in ɗinka riguna, in yi musu surfani da kalmomi kan tsadar abinci da yaran da ke kwana a tasha. A wata rigar na zana uwa riƙe da tukunyar da ba komai ciki. Baffana ya ce tsokana ce, kuma haramun ne. Ina kuma son sa aya a wata rigar. Mene ne hukunci?

Amsa: Wa alaikumus salam. 'Yata, asalin tufafi halas ne, sai abin da dalili ya hana. Rubutu kuwa magana ce, hukuncinsa hukuncin abin da ya faɗa. In kika ɗinka cewa mudun gero ya fi ƙarfin talaka, kuma haka ɗin ne, babu laifi. Aya ta 148 a Suratun Nisa'i ta ba wanda aka zalunta damar bayyana kukansa. In kuwa zagi ne, ko ƙage, ko muzanta wata ƙabila, ya haramta, har ya fi na baki muni, domin riga tana shiga kasuwa da gidan biki tana maimaita shi ke kina barci. Baffanki ma ai ya saba ganin zanen 8 ga Maris, ranar mata ta duniya, da atamfar 'yan takara lokacin zaɓe, tufafi mai magana ba baƙo ba ne a Kamaru.

Batun hoto, a mazhabarmu ta Malikiyya wanda ya haramta shi ne mutum-mutumi mai inuwa, cikakken gaɓɓai. Zane a jikin yadi bai kai nan ba, saboda hadisin Abu Ɗalha da ya toge zane a tufa, sai dai barinsa ya fi, wasu malamai ma sun tsananta. Ni a ganina tukunyar ita kaɗai ta isar da saƙon, ki bar fuskar. Kuma kada a yi salla da irin wannan riga. Annabi (SAW) ya mayar wa Abu Jahmi da wani mayafi mai ado don ya ɗauke masa hankali a salla, ina ga rigar da na sahun baya zai tsaya karantawa?

Aya kam, kada ki sa. Riga ana shiga bayan gida da ita, ana zama a kanta, ana cuɗa ta a ruwan wanki da sauran kaya masu dauɗa. Sunan Allah ma haka.

Sai ki kula rigar ta suturta jiki in mace za ta fita da ita, ki kuma binciki zuciyarki, domin hadisin Ibnu Umar ya yi gargaɗi kan tufafin neman suna. Baffanki kuwa ki je da kanki ki nuna masa aikin cikin ladabi, wataƙila tsoron abin da zai biyo baya ne ya sa shi faɗar haka, kuma yana da gaskiyar jin tsoron.

Wallahu a'alam.