Amsa: yadda za ka rubuta sojan da ya dawo daga yaƙin sararin samaniya

Ka ce sojan labarinka ya dawo daga yaƙi da halittun wata duniya, amma firgicinsa bai gamsar da masu karatu ba.

Fara da alamomin da likitoci suka sani. Tun 1980, bayan yaƙin Biyetnam, ƙungiyar likitocin ƙwaƙwalwa ta Amurka ta sanya ciwon firgicin da ke biyo bayan mummunan tashin hankali (PTSD) a littafinta na cututtuka, ga alamominsa: mugayen mafarkai, gudun duk abin da ke tuna masa fagen daga, zabura da ƙaramin ƙara, zargin kai. Sai sun wuce wata ɗaya ake kiransu ciwo. Kuskuren da aka fi yi shi ne mai da sojan mahaukaci mai dukan kowa. Yawancin masu wannan ciwo ba haka suke ba.

Sai lokaci. Jirgin da ke gudun kashi 99 cikin ɗari na saurin haske, shekara ɗaya a cikinsa kusan bakwai ce a duniya. Ya dawo ya tarar ɗansa ya girma bai san shi ba.

Ƙyamar abokan gaba kuwa, a bakin sojoji take farawa: sunan wulaƙanci da ke sauƙaƙa kisa. Bar sunan ya biyo shi har gida.

In akwai babin jinyarsa a labarin, ka nuna wa likitan ƙwaƙwalwa kafin ka wallafa.