Katun ɗin 1933 da aka ce ya san gaibu

Tambaya: Malam, an turo mini wani guntun tsohon katun a WhatsApp, Hitler yana bin wani mutum da gatari. Mai sharhin ya ce shekara shida kafin Yaƙin Duniya na Biyu aka zana shi, wai masu katun ne ke tsara abin da zai faru a duniya. Wallahi tun ranar na hana yarana kallon katun. Gaskiya ne?

Amsa: Hajiya, kwantar da hankalinki. Daga Bosko's Picture Show aka yanko shi, aikin Hugh Harman da Rudolf Ising, kuma a 1933 ɗin ya fito. Iyakar gaskiyar mai sharhin ke nan.

A wancan zamani, kafin a sa babban fim a silima sai an haska labaran mako, irin waɗanda iyayenmu suka gani a majigi. Masu zane kuwa suka samu abin tsokana. Wallace Carlson ya fara Canimated Nooz Pictorial a Chicago a 1915, Rube Goldberg ya biyo da The Boob Weekly a 1916, duk katun ne masu kwaikwayon waɗannan labaran cikin raha. Guntun Hitler ɗin nan ma irin wannan tsokanar ce.

To, wannan zance na "sun san gaibu" ya ishe ni. Kullum sai an kawo mini irinsa. Hitler ya zama shugaban gwamnatin Jamus ranar 30 ga Janairu 1933. Ranar 1 ga Afrilu 'yan Nazi suka tsaya ƙofar shagunan Yahudawa suna hana ciniki. Jaridun Amurka duk sun buga. Wane gaibu ne a zana abin da mai sayar da jarida yake shela a bakin titi? Wanda ake bi da gatarin ma Jimmy Durante ne, ɗan barkwancin nan mai ƙaton hanci, iyayensa 'yan Italiya. Kafin a nuno su akwai allo da ya ce labarin daga garin "Pretzel" yake, sunan wani burodi ke nan. Masu neman mabiya sai su datse wannan, su ɗora kiɗa mai ban tsoro, su ce a tura wa mutum goma. Gobe da wannan muryar za su zo miki da maganar allurar rigakafi.

Abin dubawa daban ne. Manya ma aka yi wa waɗannan katun, kuma shi kansa Bosko, jarumin katun ɗin, daga siffar da Turawa ke yi wa baƙar fata ba'a aka ɗauko shi. Ki riƙa kallo ke kaɗai tukuna kafin ki miƙa musu wayar.