Rijiyar burtsatse a gidana, ina ruwan gwamnati?

Tambaya: Malama, da kuɗina na haƙa burtsatse a gidana. Me zai sa hukuma ta ce sai da izininta? Daga wani mai karatu.

Amsa: Malam, filin naka ne, amma ruwan da ke ƙarƙashinsa ba ya tsayawa a bakin katangarka. Tafki ɗaya ne a ƙarƙashin ƙasa, unguwa duka na sha daga ciki. Idan ana jan ruwa fiye da abin da damina ke mayarwa, sai ya yi ta nutsewa, kuma rijiyar talakan da bai iya haƙa mai zurfi ba ita ke fara ƙafewa. Wannan ne ke ci mini tuwo a ƙwarya.

Jakarta, babban birnin Indonesiya, ƙasarsa na lotsawa, kuma yawan zuƙar ruwan ƙasa na cikin manyan dalilai. A 2018 ƙarancin ruwa ya sa birnin Cape Town na Afirka ta Kudu ya taƙaita wa kowane mutum lita 50 na ruwa a rana.

Don haka ina goyon bayan rajistar burtsatse. Sai dai a fara da manyan gonakin rani da masana'antu, tunda noma kaɗai ke cin kusan kashi 70 cikin 100 na ruwan da ake ɗiba a duniya. Kuma hukumar da ta kawo doka, ta kawo ruwan famfo.