Abin da ya sa ba ma haura dakalin tsakiyar titi

Yarona, jiya da la'asar da muka fito tasha za mu sha mai, ka ga na wuce gidan man da ke tsallaken titi, na yi ta tafiya sai da na kai inda aka bar ƙofa a dakalin tsakiya sannan na juyo. Na ji abin da ka ce: "Maigida, mi yas sa munka tahi har can, ga gidan mai nan tsallake? Ga 'yan kabu-kabu nan suna haurawa, ba abin da yas same su." Ban tanka maka ba a lokacin, don magana irin wannan ba a yin ta ido ɗaya na kan madubi. Yanzu da mota ta huce, matso kusa ka ji.

Na ji daɗin tambayar. Yaron motar da ba ya tambaya, wanke gilashi da ɗaure kaya kawai zai iya har ya tsufa.

Fara da sanin abin da ya fi cin rai a sana'ar nan. Karo iri-iri ne. Akwai wanda za a buge ka ta baya, akwai gogar gefe, akwai faɗuwa. Duk ana tashi daga cikinsu idan da sauran kwana. Wanda ba kasafai ake ba da labarinsa da baki ba shi ne taho-mu-gama. Ka tuna hanyar Illela ko ta Jega daga nan Sakkwato, inda kwalta falle ɗaya ce: tsakaninka da motar da ke tahowa babu komai sai fenti, wani wurin ma fentin ya goge. Idan kana kan gudun kilomita 80 a awa, shi ma mai tahowar yana kan 80, tazarar da ke tsakaninku tana cinyewa ne da gudun 160, wato sama da mita 40 a kowace daƙiƙa. Kafin ka ɗaga ƙafa daga totur ka kai ta birki, an gama. Don a raba waɗannan motoci biyu aka tagwaita hanya aka gina dakali a tsakiya, kowa ya kama hannunsa.

Hannunmu kuwa dama ne. Maigidana da ya koya mini tuƙi, Allah Ya jiƙansa, ya ga lokacin da ake bin hagu irin na Ingila, har ranar 2 ga Afrilu 1972 da Najeriya ta koma dama. Yakan ce kafin nan, direban da ya tsallaka Illela ya shiga Ƙonni sai ya sauya hannu, don Nijar tun asali dama take bi. Abin da nake so ka lura da shi a nan: tunda sitiyari na hagu, kai direba kai ne a gefen dakali. Idan aka yi kuskure a wannan gefe, ƙofarka ce ta farko.

Dakalin ba iri ɗaya ba ne. Na cikin gari, irin wanda kake gani a titin Ahmadu Bello, gajere ne, an yi masa fenti tsalli-tsalli don fitila ta kama shi da dare, an kafa turakun fitilun titi a kansa. Wannan ba zai tare mota mai gudu ba. Zai dai fasa maka taya, ya lanƙwasa rim, ya ƙwace sitiyari daga hannunka, idan ba a yi sa'a ba ya wurga ka ɗaya hannun. Akwai mai faɗi da aka bar ƙasa ko aka dasa itatuwa a ciki, wanda ke rage hasken fitilar masu tahowa. Sai kuma dogon na kankare, mai faɗin gindi da siririn kai, da ake sawa a manyan hanyoyi da bakin gadar sama. A jihar New Jersey ta Amurka aka ƙera irinsa, tsayinsa kusan santimita 80. Ka duba gindinsa da kyau wata rana, za ka ga a karkace yake. Da gangan aka yi haka, don idan mota ta goge shi a gicciye taya ta ɗan hau ta zamo, ya mayar da ita hannunta maimakon ta tsallaka. Amma wanda ya nufe shi kai tsaye, dutse ya daka.

Wani wurin babu siminti ko kaɗan, fenti ne kawai. Layi mai yanke-yanke, kana iya tsallaka shi ka wuce mota idan gabanka fayau ne. Layi ɗoɗar da bai yanke ba, ko guda biyu a jere, ko filin da aka zazzana da layuka a karkace, ka ɗauke shi tamkar katanga. Direbobi da yawa ba sa jin tsoron abin da ba zai fasa musu taya ba, ni kuwa fentin nan ya fi ba ni tsoro, don shi ba ya tare kowa sai mai hankali. Allon da ke kan hancin dakali, shuɗi mai kibiya, umarni ne: bi ta nan. Mai zagaye da jan baki kuma hani ne, kamar wanda ya hana juyawa.

To yanzu ga asalin amsarka.

Dakali bai kawar da haɗari daga hanya ba, tattara shi ya yi ya ajiye a wuri ɗaya, wato bakin ƙofa. Duk mai son juyawa nan zai zo, kowane direba kuma ya san nan ne zai sa ido ya rage wuta. Tsakanin ƙofa da ƙofa, mutum ya saki jiki, ya amince babu abin da zai faɗo masa daga hagu. Wannan amincewar ita ce duk amfanin dakalin. Ɗan kabu-kabun da ka ga ya ɗaga babur ya haura, ko wanda ya fasa siminti ya yi wa kansa ƙofa a gaban shagonsa, ko wanda ya yi aron hannu ya bi wan-we don ragin hanya, ya faɗo ne daidai inda babu mai tsammaninsa. Ka ce ba abin da ya same su. Waɗanda ka gani kenan. Je ka ɓangaren haɗari na Asibitin Ƙwararru ko na Asibitin Koyarwa na Ɗanfodiyo ka ga sauran. Ban ce duk laifinsu ba ne, neman abinci ne, ga mai ya yi tsada, kowa na lissafin ɗigo. Amma man da za ka ƙona ka kai ƙofa ka dawo bai kai kuɗin ɗaurin karaya ba. Hausawa da suka ce hanyar lafiya a bi ta da shekara, ba su san mota ba, amma kamar da mu suke.

Ita kanta ƙofar, shigarta ilimi ne, kuma a nan nake so ka fi buɗe kunne.

Tun da sauran tafiya za ka duba madubi, ka kunna sigina ta hagu, ka koma layin dakali a hankali. Ba a yanko hanya daga dama a faɗa ƙofa lokaci guda. Ka rage gudu da giya tare da birki don danjarka ta baya ta yi wa na bayanka magana. Idan an rage faɗin dakalin an yi ɗan aljihu kafin ƙofar, shige ciki, don kai aka yi shi. Idan ka tsaya jira, ka bar tayoyin gaba a miƙe, kada ka murɗe sitiyari tukuna. Dalili kuwa, idan wani ya buge ka ta baya alhali tayoyinka a karye suke, kai tsaye zai cusa ka cikin motocin ɗaya hannun. Idan a miƙe suke, gaba kawai za ka gangara.

Da ka sa kai cikin ƙofa, motocin da za ka shiga cikinsu daga damanka suke tahowa, kuma hanya tasu ce, kai mai roƙo ne. A nan ne kai da ke zaune a kujerar dama kake zama idona. Ko ka jingina baya ka ba ni fili in gani, ko ka duba da gaske ka ce taho ko tsaya. Kada ka taɓa ce mini taho don fasinja na gunaguni. Sannan a waiwayi hagu ma, saboda masu wan-we. Lissafin kuwa ga shi: motar da ke kan 50 tana cin kusan mita 14 a daƙiƙa, wadda ke kan 100 tana cin kusan 28. Bas mai lodi, kafin ta karya kwana ta miƙe ta ɗauki wuta, sai ta ci daƙiƙa biyar ko shida. Ka ga a babbar hanya, motar da ke nesa da kai da tsawon filin ƙwallo ɗaya ta riga ta iso. Ido yana ruɗin mutum a kan gudun abin da ke fuskantarsa, balle da dare da fitila kawai kake gani, balle lokacin hunturu da hazo ya rufe gari.

Akwai abin da ban taɓa gaya maka ba. Ina da shekara biyu da karɓar lasisi, na ɗauko albasa daga Wurno a buɗaɗɗiyar mota, da yaro ɗaya zaune bisa buhuna. Na shiga ƙofa zan juya, na tsaya jiran hanya, hankalina duk yana dama. Ban auna tsawon motata da faɗin dakalin ba. Kai ya shiga, gindi yana waje, ya tare layin masu gudu. Sai ƙara kawai na ji. Da na fito, albasa ta watsu a kwalta tana gangarawa har bakin kwata, yaron yana kwance a jikin dakali riƙe da cinyarsa, bai ko iya kuka ba, sai kallona yake yi. Ya warke, amma har yau yana ɗingishi, kuma duk sallah sai na je na gaishe shi. Mutane sun ce laifin wanda ya buge ni ne don yana gudu. Ni na san nawa kason. Tun ranar, idan na ga ƙofa ba za ta ɗauke motata duka ba kuma hanya cike take, wucewa nake yi in je shataletale in zagayo. A can ma doka ɗaya ce: wanda ke ciki, mai zuwa daga hagunka, shi ke da hanya.

Shi ya sa kuma nake taɓa maka gwiwa idan na ba ka sitiyari ka manne wa dakali. Layin hagu na wuce mota ne da na shirin juyawa, idan ka gama ka koma dama. Mu 'yan haya ma dama ce gidanmu, don can fasinja yake. Gindin dakali nan ne iska ke tara yashi, kuma taya a kan yashi ba ta jin birki. Nan mata masu shara suke da sassafe. Nan almajiri yake tsaye da robarsa, da mai tallan ruwan leda, da tsohuwar da ta ci rabin titi tana jiran ta ƙarasa. Gab da babbar sallah kuma, nan rago zai ƙwace igiya ya diro. Wanda ke kan dakali bai gama tsallakawa ba, ko yaushe yana iya sako ƙafa. Kada ka sauke fasinja a nan ko da ya rantse sauri yake yi. Idan ka wuce ƙofa kada ka yi ribas, je ka ta gaba. Idan mota ta mutu a wannan layi, a kunna fitilun gargaɗi, a ajiye alamar nan mai kusurwa uku can baya da nisa, a tura ta zuwa dama kafin a buɗe bonet.

Gudu kuwa, littafin dokokin hanya ya yanke: 50 a cikin gari, bas da tasi 80 a babbar hanya, 90 a babban titi mai tagwayen hanya. Hukumar Kiyaye Haɗurra da aka kafa a 1988 ita ke bin wannan, kuma lambarta ta gaggawa 122 ce. Sa ta a wayarka yau.

Saura abu ɗaya, wanda za ka ci karo da shi duk inda ake aikin tagwaita hanya, kamar ta Gusau. Za a rufe hannu ɗaya a zuba kowa a ɗayan. Dakali na nan a gefenka, idonka na gaya maka hanyar taku ce ku kaɗai, alhali tirela na tahowa a layin da kake shirin fita. A irin wannan wuri ba na wuce ko keke napep sai na ga inda aka mayar da mu hannunmu.

Gobe bayan sallar asuba, kafin gari ya cika, ka duba ruwa da baƙin mai ka same ni a bakin tasha. Za mu fita baifas ba fasinja. Kai za ka riƙe sitiyari, ni in zauna a dama, ka shiga ƙofar nan sau uku. Ka zo da tsumma ka goge madubin hagu, jiya na ga ƙura ta rufe shi.