Na sayi sabuwar waya a Riyad, manhajojina duk sun ɓace

Assalamu alaikum Malam. Ni direba ne a Riyad, shekarata huɗu ke nan. Makon jiya wayata ta suɓuce ta faɗi, gilashin ya dagargaje, tana ƙara amma ba na ganin komai. Na je Batha na sayi sabuwa, yaron shagon ya saita mini ita, ya buɗe mini sabon Gmail. Da na koma masauki sai na tarar da WhatsApp fayau, babu hirar iyalina ko ɗaya. Na nemi manhajar bankina na gida, sai ga masu kama da juna har uku. Absher da Nafath kuwa, manhajojin gwamnatin Saudiyya da muke harkar takardunmu da su, ban san ta inda zan faro ba. Wani abokin aikina ya ce in mayar da ƙasar Play Store ɗina Najeriya, wani kuma ya ce zai turo mini manhajojin ta Xender. Tsohuwar wayar ina so in gyara in aika wa maiɗakina a Gusau. Mene ne abin yi?

Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Allah ya mayar da alheri, ya kuma sa iyakar asarar ke nan.

Kafin komai, kada ka aika tsohuwar wayar nan gida tukuna, kada kuma ka bari wani ya wanke ta, wato ya goge duk abin da ke cikinta. Ka kai a sa mata gilashi, ka tsaya a gaban mai gyaran har ya gama. Wannan wayar da kake gani kamar ta mutu, a cikinta makullinka yake.

Ga dalili. Manhajojin da ka sauke cikin shekara huɗun nan, ba a jikin waya aka rubuta sunayensu ba, a asusunka na Google aka rubuta. Wayar kamar ɗakin haya ce, asusun shi ne akwatin kayanka. Abin da yaron shagon ya yi shi ne ya ba ka sabon akwati wanda babu ko tsinke a ciki, naka na asali yana nan inda ka bar shi. Ba mugunta ya yi maka ba, sauri yake ya sallame ka ya kama na bayanka. Amma ka lura da abu ɗaya: shi ya zaɓi kalmar sirrin sabon asusun, wato ya san ta. Idan za ka ci gaba da amfani da shi, ka sauya ta yau.

Da zarar gilashin ya dawo, ka shiga saitin tsohuwar wayar ka duba sunan Gmail ɗin da ke kanta. Da yawa daga cikinmu ba su san sunan nasu ba, domin wani ne ya buɗe musu tun a Kano ko Gusau. Ka rubuta shi a takarda. Sannan ka ƙara shi a kan sabuwar wayar, waya ɗaya tana ɗaukar asusu fiye da ɗaya ba tare da rigima ba. Idan ka manta kalmar sirri, a nan tsohuwar za ta yi maka rana, domin Google yakan aika tambaya zuwa wayar da ta riga ta san ka, ka taɓa ka ce e, ni ne. In babu ita, sai ka koma jiran saƙo a lambar da aka sa lokacin buɗe asusun, wadda wataƙila ta wani ɗan gidanku ce da ya daɗe da yar da layin.

Bayan asusun ya hau, ka buɗe Play Store, ka taɓa hoton da ke sama ta hannun dama, ka tabbata tsohon asusun ne a kai. Ka shiga "Manage apps & device", ka koma ɓangaren "Manage". Za ka ga an rubuta "Installed", ka taɓa shi ka mayar "Not installed". Nan ne rumbun. Duk abin da ka taɓa saukewa da wannan asusu zai jeru, har da wasannin da yara suka cika maka waya da su lokacin da ka je hutu. Ka zaɓi waɗanda kake so ka sauke su a tashi ɗaya, tarkacen kuma ka cire su daga jerin. Wannan ya warware maka batun manhajar banki mai kama uku: wadda ke cikin rumbunka ita ce wadda ka saba aiki da ita. Masu iPhone, naku yana cikin App Store, ƙarƙashin hoton asusu, inda ake jera manhajojin da ba sa kan wayar yanzu.

Shawarar sauya ƙasa kuwa, ban goyi baya ba. Google ba ya barin mutum ya zaɓi ƙasa yadda ya ga dama. Sai kana cikin ƙasar, kuma ana neman hanyar biyan kuɗi ta can. In ka sauya, akwai wa'adin watanni da za ka jira kafin a bar ka ka sake, kuma kuɗin da ke cikin asusunka na Play ba ya bin ka sabuwar ƙasa. Ga shi wasu manhajojin masu su sun taƙaita su ga ƙasa guda, sai ka samo na gida ka rasa na nan, an gudu ba a tsira ba. Ɗan ci-rani mai ƙafa biyu, ɗaya a Riyad ɗaya a Zamfara, asusu biyu ne daidai da shi. Tsohon ya riƙe na gida, wanda aka buɗe a Batha ya riƙe na Saudiyya, kana sauyawa tsakaninsu da taɓa hoto kawai. Ka ga kuskuren yaron shagon ma ya zo da ɗan amfani.

Na Xender kuma, da muguwar rawa gara ƙin tashi. A turo maka karatun Alƙur'ani ko bidiyon biki, babu laifi. Amma manhajar da za ka zuba wa lambar sirrin banki ko lambar iƙama, wato katin izinin zama a Saudiyya, ba ka karɓar ta daga wayar wani, ko da amininka ne, domin shi ma bai san hannu nawa ta bi ba kafin ta iso gare shi. Haka GB WhatsApp da 'yan'uwansa da matasanmu ke so saboda ɓoye-ɓoye: ba na kamfanin ba ne, kuma kamfanin yana rufe lambobin da ya kama da su.

Yanzu WhatsApp. Hirarku tana dawowa ne idan abu biyu sun haɗu, lambar da ka saba da kuma asusun Google da ajiyar take ciki. Kai lambar ce kawai ta hau, shi ya sa ka ga fili. Tayin dawo da hira kuma sau ɗaya yake zuwa, lokacin da ake saita manhajar. Saboda haka bayan ka sa tsohon Gmail, ka cire WhatsApp daga sabuwar wayar ka sake sauke shi, idan ya ce ya ga ajiya ka amsa masa. Saƙonnin da suka shigo cikin makon nan za su tafi, don haka in akwai mai muhimmanci ka adana shi tukuna. Idan ajiyar ta daɗe ba ta sabunta ba, kada ka yi mamaki: Google gigabait 15 yake ba kowane asusu kyauta, kuma tun farkon 2024 ajiyar WhatsApp a cikinsu take ci, tare da hotuna da wasiƙu. Wuri na cika, ajiya ta tsaya, mutum bai sani ba.

Sai dai fa ba a nan gizo yake saƙar ba. Sauke manhaja abu ne na minti biyar, shiga cikinta ne aikin. Absher zai aika lambar tabbatarwa zuwa layin Saudiyya da ka yi rajista da shi. Nafath sai ka sake kunna shi a kan sabuwar wayar, har da nuna fuska, kuma da shi ake shiga wurare irin su Qiwa inda kwantiragin aikinka yake. Ka fara da Absher, sannan Nafath, sannan sauran. Wata ƙa'ida da ba na gajiya da maimaitawa: idan buƙata ta faɗo maka a Nafath alhali ba kai ka nema ba, kada ka taɓa kowace lamba, ko da mai kiran ya ce daga ma'aikata yake. Da wannan taɓawar ake buɗe abubuwa da sunan bayin Allah.

Bankin gida shi ma layinka na Najeriya zai nema, wanda ke haɗe da BVN ɗinka. Yana ina? Idan yana cikin jaka tun zuwanka, akwai matsala, domin layin da ya yi watanni ba a kira ba, ba a sa kati ba, ana dakatar da shi, daga baya a sayar wa wani. Wanda ya saya shi ne zai riƙa ganin saƙonnin bankinka. Ka sa layin a rami na biyu na wayarka, ka riƙa sa masa kati kana ɗan amfani da shi lokaci-lokaci. MTN na da tsarin biyan kuɗi a riƙe wa matafiyi lambarsa, ana ce masa Keep My Number.

Batun sabuntawa ba shi da tsawo. A saitin Play Store ka zaɓi manhajoji su riƙa sabunta kansu idan akwai Wi-Fi kawai, datarka ta huta. Amma na takardu da na kuɗi, ka buɗe su da kanka ko sau ɗaya a wata, musamman ana saura mako ka yi tafiya. Na taɓa tsayawa a bayan wani dattijo a layi, an ce ya nuna iƙamarsa a waya, manhajar ta ce sai an sabunta ta, wayar kuma ta ce babu wuri. Yana tsaye gumi na tsatsafo masa, yana goge bidiyon walimar 'yarsa ɗaya bayan ɗaya, na baya suna tsaki. In wuri ne matsalar, cikin WhatsApp za ka duba, a ɓangaren ajiya, inda bidiyon zaurukan 'yan gari suke taruwa.

In ka gama duk wannan, sai batun aika wa uwargida. Ka fara cire asusunka na Google daga cikin saitin tsohuwar wayar, ka cire kullin fuskar wayar, sannan ka wanke ta daga cikin saitin. Idan aka wanke ta da asusun a kai ta hanyar danna maɓallan gefe, za ta isa Gusau tana neman Gmail ɗinka da kalmar sirrinsa kafin ta buɗe, sai a yi ta yawo da ita wurin masu gyara. Idan ta isa hannunta, a buɗe mata nata asusun da lambarta, ita ta zaɓi kalmar sirrin, ta rubuta a takarda ta ajiye inda take ajiye katin zaɓe da takardun haihuwar yara. Kai ma naka biyun ka rubuta su a ɗan littafi, ka sa tare da kwafin fasfo, ba a bayan rigar waya ba. Ka gaida mutanen Batha.